"Ai ba shi ya soka wuƙar ba": waiwaye kan dokar haɗin baki a shari'ar kisan kai

Duk wanda ya taɓa zama a harabar babbar kotu ranar yanke hukuncin kisan kai ya san kukan da uwa take yi: "Wallahi ɗana bai taɓa shi ba, tsaye kawai yake." Sau da yawa gaskiya take faɗa. Wuƙa ɗaya ce, suka ɗaya ce, amma samari huɗu aka yanke wa rataya. Madogarar alƙali ita ce sashe na 79 na Final Kod, wato dokar laifuffuka ta Arewa, wanda ya ce idan mutane suka aikata laifi da niyya ɗaya, kowannensu zai ɗauki alhakin kamar shi kaɗai ya yi.

Wannan sashe baƙo ne da ya yi doguwar tafiya kafin ya iso mu. Asalinsa sashe na 34 ne na dokar laifuffukan Indiya ta 1860, wadda Turawan mulki suka rubuta. Daga can aka kwafa wa Sudan a 1899. Da gwamnatin Sardauna ta kira kwamitin masana a 1958, ƙarƙashin Alƙalin Alƙalan Sudan Muhammad Abu Rannat, sai aka ɗauko tsarin Sudan ɗin, dokarmu ta fara aiki a 1960. Shi ya sa lauya a Kano ko Sakkwato yake iya kafa hujja da shari'ar da aka yi a Kalkata. Abin lura, a rubutun farko na Indiya babu ma batun niyya ɗaya. Sai a 1870 aka ƙara shi, kuma a kan wannan ƙarin ne ake ta fafatawa a kotunan ɗaukaka ƙara har yau.

A watan Agusta 1923 wasu mutane suka kutsa wani ƙaramin gidan waya a Kalkata, suka tarar da shugaban ofishin yana ƙirga kuɗi, suka harbe shi, suka gudu. Mutum ɗaya aka kama, Barendra Kumar Ghosh. Ya ce shi a bakin ƙofa ya tsaya, bai harbi kowa ba. Ƙararsa ta kai har kwamitin shari'a na majalisar Sarkin Ingila a Landan, wanda shi ne kotun ƙolin ƙasashen mulkin mallaka, aka kuma tabbatar da laifinsa a 1924. Dalilinsu a fili yake: mai gadin ƙofa aiki yake yi wa mai bindiga.

Shari'ar da ta fi tsaya mini a rai ita ce ta Mahbub Shah, don ta yi kama da rigingimunmu na fadama da burtali. A 1943, a bakin kogin Indus, wani mai suna Allah Dad da mutanensa suka shiga kwalekwale suka yanko iwa a wurin da wasu ke cewa nasu ne. A hanyar dawowa wani saurayi ya tare su, ya riƙe igiyar kwalekwalen, ya ce sai sun ajiye. Allah Dad ya maka masa gora. Saurayin ya kwarma ihu, sai ga 'yan uwansa biyu, Wali Shah da Mahbub Shah, da bindigogi. Wali Shah ya harbe Allah Dad har lahira, ya tsere. Mahbub Shah ya harbi wani daban, ya ji masa rauni. Babbar kotun Lahore ta ce kisan kai ne a wuyan Mahbub. A 1945 kotun Landan ta soke wannan hukunci, ta ce mutum biyu da suka rugo ceton ɗan uwa suna iya zuwa da fushi iri ɗaya ba tare da sun shirya kashe kowa ba. Niyya mai kama da juna daban, niyyar da aka ƙulla tare daban, kuma mai gabatar da ƙara ne zai nuna ƙullin.

Ingila kanta ta sha tuntuɓe a nan. A 1953 ta rataye Derek Bentley mai shekara 19 kan ɗan sandan da abokinsa ɗan shekara 16 ya harbe, alhali shi Bentley yana hannun 'yan sanda lokacin harbin. Sai a 1998 aka soke hukuncin. A 2016, a shari'ar Jogee, kotun ƙolinsu ta amsa cewa an shafe fiye da shekara 30 ana kuskure, ana ɗaukar cewa hango yiwuwar abokinka ya yi kisa daidai yake da nufin kisan.

Mu kuwa wannan rarrabewa ba sabuwa ba ce a wurinmu, sai dai mun manta. A cikin Muwaɗɗa, Imam Malik ya kawo cewa Sayyidina Umar ya kashe mutum biyar ko bakwai saboda mutum ɗaya da suka yi wa kisan gilla, ya ce da mutanen San'a duka sun haɗa baki a kai, da ya kashe su gaba ɗaya. Amma Malik ɗin ya ce wanda ya riƙe mutum don a kashe shi, yana sane, a kashe su tare. In kuwa ya riƙe shi ne yana zaton duka kawai za a yi masa, to makashin za a kashe, shi a yi masa horo mai tsanani, a ɗaure shi shekara guda. Hannu ɗaya ne, riƙo ɗaya ne, abin da ke zuciya ne ya raba hukuncin.

Damuwata ita ce yadda ake yi da sashen nan bayan faɗan daba ko rikicin gona. A kwashe duk wanda aka gani a wurin, a jera sunaye a takardar tuhuma, a rubuta cewa sun haɗa baki, ba a ce yaushe ba, ba a ce a ina ba. Mai sanda, mai jifa, da wanda ihu ya fito da shi daga gida, duk jirgi ɗaya. Kotun ɗaukaka ƙara takan tsaya ta tambayi abin da kowane mutum ya yi da abin da ya sani, ta tabbatar wa wasu hukunci, ta sallami wasu. Amma kafin takardun su kai gabanta, wanda aka kama yana da shekara ashirin yakan yi furfurar farko a ɗakin masu jiran rataya, uwarsa kuma ta sayar da gona don kuɗin lauya.