Tashar Jirgin Ƙasa ta Surbiton

Tashar Surbiton tana kudu maso yammacin Landan, a ƙaramar hukumar Kingston upon Thames ta ƙasar Ingila, kimanin kilomita 19 daga babbar tashar Waterloo. Tana kan babban layin dogon da ya tashi daga Landan ya nufi Southampton, kuma jiragen South Western Railway ne ke tsayawa a cikinta. Yawancin fasinjojinta ma'aikata ne masu sammakon shiga birni su dawo da yamma. A tsarin kuɗin sufurin Landan tana shiyya ta 6.

Kamfanin London and Southampton Railway ne ya buɗe tashar farko ranar 21 ga Mayu, 1838, da sunan Kingston, duk da cewa ba a cikin garin Kingston take ba. Manyan garin sun ƙi yarda dogo ya ratsa ta wajensu, don gudun kada ya kashe kasuwar kekunan doki da masaukan baƙi da garin ke ci da su. Sai layin ya bi ta kudu, ta gefen tudun Surbiton, inda a lokacin babu komai sai gonaki da 'yan gidaje. An haƙa tudun aka shimfiɗa dogo a cikin kwarin, aka kafa 'yar ƙaramar tasha a nan. A 1845 aka mayar da ita yamma kaɗan, wurin da take har yau.

Wannan ƙi na mutanen Kingston shi ya haifi garin Surbiton. Wani ɗan kasuwa mai suna Thomas Pooley ya sayi filaye kusa da dogon, ya yanka tituna ya fara gina gidaje domin masu hali da ke aiki a Landan. Da bashi ya ci ƙarfinsa, bankin Coutts ya karɓi aikin ya ci gaba da shi. Kingston kuwa sai a 1863 ta samu tata tashar, ita ma a kan reshe. Sunan tashar ya sauya fiye da sau ɗaya kafin ya tsaya a kan Surbiton a 1867. An buɗe reshen Hampton Court a 1849 da layin Guildford ta Cobham a 1885, dukansu suna rabuwa da babban layi a yammacin tashar. Jiragen lantarki sun fara zuwa a 1916, suna jan wuta daga wani ƙarfe na uku da aka shimfiɗa a gefen dogo.

Ginin da ake gani yanzu na 1937 ne. Kamfanin Southern Railway ya gina shi bisa zanen James Robb Scott, cikin salon Art Deco da ake yayi a wancan zamani. Farin gini ne na kankare, ba ado mai yawa, da doguwar hasumiyar agogo mai kusurwa huɗu da ake hangowa daga titin Victoria. Zauren sayar da tikiti yana da rufi mai tsayi da dogayen tagogi, hasken rana na zuba ciki har ƙasa. Kyansa yana cikin rashin hayaniyarsa, kuma kaɗan ne cikin tashoshin bayan garin Landan za su ja da shi. Yana cikin gine-ginen tarihi da dokar Ingila ta kare, a mataki na 2.

Dandamali huɗu ne, an haɗa su bibbiyu a kan tsibirai biyu da dogo ya sa a tsakiya. Na 1 da na 2 na jiragen da suka nufi Waterloo ne, na 3 da na 4 na masu fita ne zuwa Woking, Guildford da Hampton Court. Tsakanin na 2 da na 3 akwai layi na biyar marar dandamali, wanda jiragen nesa ke bi su wuce a guje ba tsayawa. Gadar ƙafa mai rufi ta haɗa tsibiran da ƙofofi biyu: babbar ƙofa ta titin Victoria, inda shaguna da motocin haya suke, da ta baya a titin Glenbuck. Jirgin da bai tsaya a hanya ba kan kai Waterloo cikin kusan minti 20.