Ƙarina: yadda ake kama mutum da laifin kisa ba tare da wani ya gani da ido ba

Duk lokacin da aka yanke wa mata ko miji hukuncin kisa kan kashe abokin zama sai ka ji mutane na cewa "to wa ya gani?" Wai tunda daga shi sai ita a ɗaki, kotun ɗaukaka ƙara za ta sake ta. Ba haka abin yake ba fa.

Hanya uku ce ake tabbatar da laifi a kotu: shaidar gani da ido, ko iƙirarin wanda ake tuhuma da bakinsa, ko kuma abin da malamai ke kira ƙarina, wato alamomin da in ka jera su sai su nuna mutum ɗaya tak. Mu ba baƙon abu ba ne a wurinmu, ai rigar Annabi Yusuf da ta yage ta baya ita ta nuna mai gaskiya, ba wanda ya ga abin da ya faru a ɗakin. Kisan cikin gida kuwa kusan kullum a kan ƙarina yake tsayawa, don ba a gayyatar maƙwabta kallo.

Sai dai sharaɗinta da tsauri. Sashe na 135 na dokar shaida ta 2011 ya ce mai gabatar da ƙara ne zai tabbatar da laifi har ya zama ba sauran kokwanto mai ma'ana, kuma a ƙarƙashin sashe na 221 na Final Kod, wato dokar hukunta laifuka ta Arewa, abu uku zai nuna: mutumin ya mutu, aikin wanda ake tuhuma ne ya kashe shi, kuma da niyya ya yi ko ya san abin zai iya kai wa ga mutuwa. In alamomin suka bar ƙofar da wani daban zai iya zama shi ya aikata, to wanda ake tuhuma ne ke cin moriyar wannan kokwanton.

Shari'ar Maryam Sanda ita ce misalin da kowa ya sani. Mijinta Bilyaminu Bello ya rasu a Abuja a Nuwamban 2017, ita ta ce rigima suka yi ya zame ya faɗa kan fasasshiyar tukunyar shisha. Ba a kawo wuƙa gaban kotu ba, ba rahoton binciken gawa, ba kuma wanda ya ga sukar, ita ma ba ta amsa ba. Duk da haka ranar 27 ga Janairun 2020 Mai shari'a Yusuf Halilu ya yanke mata hukuncin rataya, ya dogara da ƙa'idar nan ta wanda aka gani da mamaci na ƙarshe, ma'ana in kai ne na ƙarshe da aka gani tare da shi yana raye to sai ka yi bayanin da hankali zai ɗauka, ga kuma shaidar abokin mijin da ya ce a gabansa ta yi ta yunƙurin kai masa hari tun kafin lokacin. Lauyoyinta suka ɗauki waɗannan giɓin suka tafi kotun ɗaukaka ƙara, a Disambar 2020 kotun ta ce hukuncin na nan daram.

Nan ne mutane ke ruɗewa. Ɗaukaka ƙara ba sabuwar shari'a ba ce, ba a sake kiran shaidu su rantse, alƙalan fayil kawai suke karantawa da bayanan lauyoyi. Alƙalin farko shi ya ga idon mai shaida, shi ya ji inda muryarsa ta yi rawa, don haka na sama ba sa taɓa abin da ya gaskata sai in ya fito fili cewa ya saɓa wa abin da ke rubuce, ko ya karɓi shaidar da doka ta hana, ko ya ƙi duba kariyar wanda ake tuhuma. In kotu biyu suka hau layi ɗaya kuwa, kafin Kotun Ƙoli ta rushe sai an sha wuya.

Maganar rahoton likita ma, kotunan Najeriya sun sha cewa ba dole ba ne in mutum ya mutu nan take bayan rauni. Ni dai a ganina nan akwai gyara, mu da muke gaggawar kai mamaci makwancinsa kafin la'asar, sau da yawa hujjar da za ta wanke mutum ko ta kama shi tare da gawar ake binne ta, 'yan sanda kuma su zo bayan an goge jini an wanke zanin gado.

Wani lokacin kuma lauya ba sakin yake nema ba, sauƙi yake nema. In ya nuna tsokana ce mai tsanani ta auku nan take kafin zuciya ta huce, sashe na 222 na Final Kod na iya sauko da laifin daga na rataya zuwa na ɗauri. Amma wanda ya fita tsakar gida ya zaga, ya shiga kicin ya ɗauko wuƙa ya dawo, da wuya alƙali ya yarda zuciyarsa ba ta samu lokacin hucewa ba.