Aslam Sher Khan da shekarar da fili ya sauya wa hokin Indiya

Tun da Indiya ta ɗauko tagulla a wasan hoki a gasar Olamfik ta Tokyo a 2021, ta kuma maimaita a Paris a 2024, gardama ta ƙi ci ta ƙi cinyewa. Wasu na cewa an farfaɗo, wasu na cewa ƙasar da ta tara zinare 8 ba ta da abin tinƙaho a tagulla. A maƙwabciyarta Pakistan abin ya fi zafi, don sau uku a jere, 2016 da 2020 da 2024, ba ta ko samu gurbin zuwa ba. Wani maganin da ake ambata shi ne tsofaffin 'yan wasa su shiga siyasa, su zauna inda ake yanke shawara. An riga an gwada wannan tun shekaru 40 da suka wuce, kuma rayuwar Aslam Sher Khan, tsohon ɗan wasan hokin Indiya da ya zama ɗan majalisa, ta isa a auna shi da ita.

Tarihin farko sananne ne. Indiya ta ci zinare shida a jere daga 1928 zuwa 1956, Pakistan ta karɓe a 1960, Indiya ta ƙwato a 1964. Mahaifin Aslam, Ahmed Sher Khan, yana cikin tawagar da ta yi nasara a Berlin a 1936. An haifi Aslam a Bhopal a 1953, garin da yara ke koyon wasan a lungu da reshen itace mai lanƙwasa, ya kuma tashi a matsayin mai tsaron baya.

Ranar da ta ɗaukaka sunansa ita ce ta wasan kusa da na ƙarshe na Kofin Duniya a Kuala Lumpur, cikin Maris 1975. Malesiya mai masaukin baƙi na gaba da ci 2-1, saura 'yan mintuna a tashi, aka sako shi daga benci. Indiya ta samu gajeriyar kwana, wato bugun hukunci da ake turo ƙwallo daga layin baya zuwa bakin da'irar gaban raga, aka tsayar masa da ƙwallo, ya narka ta a raga. A ƙarin lokaci Harcharan Singh ya ƙara ta uku. A wasan ƙarshe suka doke Pakistan 2-1. Har yau wannan ne Kofin Duniya ɗaya tilo da Indiya ta taɓa ɗagawa, kuma a kan ciyawa ta gaske aka buga shi.

Wata 16 bayan nan, kusan wannan tawagar, da Aslam a cikinta, ta sauka a Montreal. Yanayin Kanada bai ba da tabbacin samun fili mai ciyawa mai kyau ba, sai aka buga hokin Olamfik na 1976 a kan ciyawar roba, karo na farko a tarihi. Ostireliya ta lallasa zakarun duniya da ci 6-1. Indiya ta ƙare a ta bakwai, kuma tun 1928 ba ta taɓa komawa gida hannu rabbana ba sai wannan karon. A lokacin an ɗauke shi a matsayin tsautsayi. Masu muhawarar yau ma sukan ambaci shekarar su wuce, alhali a nan gizo ke saƙar.

A kan ciyawa, ƙwallon hoki mai nauyin giram 156 zuwa 163 ba ta tafiya a miƙe. Takan yi tsalle, ta kauce, ta rage gudu. Doguwar miƙawa caca ce, saboda haka wanda ya iya riƙe ƙwallo a bakin sanda, yana juya ta dama da hagu da wuyan hannu, shi ne sarki. A kan wannan aka gina tsarin Indiya da Pakistan na 'yan gaba biyar, 'yan tsakiya uku, 'yan baya biyu da gola: gajeriyar miƙawa, yanka, da lallaɓa ƙwallo har cikin da'ira. A kan roba mai ruwa kuwa ƙwallo sulɓewa take yi kamar an ja ta da zare. Ana iya aika ta mita 40 ta isa inda aka nufa. Tarar ta ma ta sauya: maimakon a tsayar da sanda a tsaye ana jiran tsallen ƙwallo, sai a kwantar da ita a ƙasa a tare hanya. Matsakaicin ɗan wasa mai ƙarfi da dogon numfashi ya samu abin da a da sai gwani ke da shi, wato tabbacin ƙwallo za ta zo masa yadda ya zata. Ƙwallo ta rage fita, tsayawa ta ragu, gudu ya ƙaru a fili mai tsawon mita 91.4 da faɗin 55.

Ba wai 'yan yankin sun kasa koyon sabon salon ba ne. Pakistan ta ci zinare a Los Angeles a 1984 da Kofin Duniya a Sydney a 1994, duka a kan roba. Matsalar ita ce inda yaro zai koya. Filin roba ba darduma ba ce da za a baza kawai. Ana haƙa ƙasa a jera bututun janye ruwa, a zuba tsakuwa a daddaɓe, a malala kwalta mai barin ruwa ya ratsa, a ɗora shimfiɗar roba mai shanye nauyi, sannan a kawo kafet ɗin mai gajeren gashi, kimanin milimita 10 zuwa 13, a haɗa gaɓoɓinsa. Kafin kowane wasa ana fesa masa dubban litocin ruwa, a ƙara a lokacin hutu, wanda ke nufin tanki da famfo da wutar lantarki da ba ta yankewa. In ya bushe, ƙwallo ta riƙa cijewa, sanda ta riƙa maƙalewa, wanda ya faɗi kuma fatarsa ta saɓule kamar ƙuna. In ruwa ya kwanta ba a wanke ba, gansakuka ta fito a riƙa zamewa. Ƙura tana toshe ramukan da ruwa ke bi, zafin rana yana cinye gashin, gaɓoɓi suna ɗagowa su harɗe ƙafa. Bayan shekara 8 zuwa 10 sai an sake kafet ɗin ɗungurungum. Wasan da a da bai wuce sanda da fili fetal ba ya koma wasan da sai an gina masa gida.

A Holan da Jamus da Ostireliya ƙungiyoyin unguwa ne suka riƙa shimfiɗa nasu, yaro ɗan shekara 7 ya fara a kan filin da zai buga gasar duniya. Indiya sai a 1982, don wasannin Asiya na Delhi, ta samu irin wannan fili, inda Pakistan ta ci ta 7-1 a wasan ƙarshe. Ɗan wasan Indiya yakan kai shekara 18 ko fiye kafin ya taka roba, hannunsa ya riga ya saba da tarar ƙwallo mai tsalle, sai ya koma koyon abin da takwaransa ya iya tun yana firamare. Zinaren da Indiya ta ci a Olamfik na Moscow a 1980 ya ɗan rufe idon mutane, amma ƙasashe shida kacal suka buga saboda ƙauracewar da aka yi wa gasar. Gaskiyar ta bayyana a London a 1986, Kofin Duniya na farko a kan roba: Pakistan ta 11, Indiya ta 12 cikin ƙasashe 12. Abin sha'awa, cikin 'yan Ostireliya da suka ɗauki kofin akwai Ric Charlesworth, wanda a lokacin ɗan majalisar tarayya ne mai wakiltar Perth.

Dokokin da suka biyo baya duk bin filin suka yi. An hana tsayar da ƙwallo da hannu a gajeriyar kwana a 1982. An ba da damar canji ba iyaka a 1992, an soke satar gida a ƙarshen shekarun 1990, aka raba wasa gida huɗu na minti 15 a 2014. Ita kanta kwanar da Aslam ya yi suna da ita ta sauya kama. Bugun farko dole ya shiga raga ƙasa da tsayin milimita 460, amma in an ja ƙwallo a jikin sanda aka wurga ta, ba a ƙayyade mata tsayi ba. Wannan jan yana buƙatar fili sumul mai laima, ba ya yiwuwa a kan ciyawa, kuma da shi ake cin kaso mai yawa na ƙwallayen yau.

Aslam ya shiga siyasa a jam'iyyar Congress. Ya ci kujerar Betul ta jihar Madhya Pradesh a Lok Sabha, majalisar wakilan Indiya, a 1984, ya sake ci a 1991, ya zama ƙaramin minista a gwamnatin Firaminista Narasimha Rao. Ya koma jam'iyyar BJP a 1997, ya bar ta a farkon 1999. Kujerar ta ba shi murya, amma ɗan majalisa mai mazaɓar karkara yana da hanya da ruwan sha da makaranta a gabansa, kuma filin roba aikin kasafin shekaru ne, na gini da na kula. Bayan da Birtaniya ta doke Indiya 2-0 a Santiago ta ƙasar Chile a Maris 2008, ta hana ta zuwa Olamfik karo na farko cikin shekara 80, shi aka kira ya jagoranci kwamitin riƙo na zaɓen 'yan wasa. Mai zaɓe kuwa daga abin da filaye suka haifar yake zaɓa.

Inda sauyi ya fito fili shi ne jihar Odisha. Ta ɗauki nauyin tawagar ƙasa daga 2018, ta karɓi Kofin Duniya a 2018 da 2023, ta gina filin Birsa Munda a Rourkela mai ɗaukar mutum kimanin 20,000. Abin da ya fi waɗannan nauyi shi ne filayen roba 17 da aka tsara wa yankunan gundumar Sundargarh, mahaifar Dilip Tirkey, wani mai tsaron bayan da ya buga wa Indiya wasa 412, ya shiga Rajya Sabha, majalisar dattawan Indiya, a 2012, ya zama shugaban hukumar hoki ta ƙasa a 2022. A Paris, kyaftin Harmanpreet Singh ne ya fi kowa cin ƙwallo, guda 10, akasarinsu da wannan jan na gajeriyar kwana.

Yanzu kuma ana gwajin sabuwar roba da ba ta buƙatar ruwa. In ta karɓu, kuɗin kula da fili zai ragu, amma gudun ƙwallo da yadda take bin sanda za su sake sauyawa, kuma filayen Sundargarh ba su kai shekara 10 da shimfiɗawa ba.