Naɗin masu gabatar da ƙara na gwamnati

Mai gabatar da ƙara shi ne jami'in da doka ta ɗora wa alhakin gurfanar da wanda ake zargi da laifi a gaban kotu da sunan ƙasa. Shi ke duba abin da masu bincike suka tattara, ya yanke shawarar tsara tuhuma ko ajiye maganar, kuma a ƙasashe da yawa yana iya janye shari'ar da aka riga aka fara. Girman wannan iko ne ya sa doka ke fayyace wanda zai naɗa shi, da cancantarsa, da wa'adinsa, da hanyar cire shi.

Cancanta

Nan ba a cika samun saɓani ba: ilimin shari'a, gogewa, da tsabtar hali. Kundin tsarin mulkin Najeriya na 1999, a sashe na 150, ya ce sai wanda ya kai shekara 10 da cancantar aikin lauya zai zama Antoni-Janar. Ingila ma shekara 10 take nema ga Daraktan Gabatar da Ƙararraki. Ƙa'idojin da Majalisar Ɗinkin Duniya ta amince da su a Havana a 1990 sun ƙara da cewa kada son kai ko wariya su shiga zaɓen.

Hanyoyin naɗi

A Amurka shugaban ƙasa ne ke gabatar da sunayen manyan lauyoyin tarayya 93 da ke kula da gundumomin shari'a 94. Ana binciken tarihin mutum, kwamitin shari'a na Majalisar Dattawa ya tantance shi, majalisar ta kaɗa ƙuri'a, sannan ya yi rantsuwar kama aiki na shekara huɗu. A matakin jihohi kuwa, mafi yawan masu gabatar da ƙara na gundumomi jama'a ne ke zaɓensu da ƙuri'a, abin da ba kasafai ake gani a wata ƙasa ba.

Faransa ta ɗauki aikin a matsayin sana'ar da ake shiga tun daga ƙasa. Mai nema zai ci jarrabawar gasa, ya yi horon wata 31 a makarantar alƙalai ta Bordeaux, tare da waɗanda za su zama alƙalai. Ministan shari'a ne ke ba da sunan wanda za a ɗora a kan kujera, Majalisar Ƙoli ta Alƙalai ta faɗi ra'ayinta, shugaban ƙasa ya sa hannu. Sai dai ra'ayin nan bai zama dole a kan minista ba idan mai gabatar da ƙara ne, alhali ya zama dole a naɗin alƙali. Wannan jingina ga minista na cikin dalilan da suka sa Kotun Kare Haƙƙin Ɗan Adam ta Turai ta ce a 2010 mai gabatar da ƙara na Faransa ba shi da 'yancin da za a ɗauke shi a matsayin hukumar shari'a. Italiya ta rufe wannan ƙofa, domin naɗi da canjin wurin aiki da ladabtarwa duk suna hannun majalisar alƙalai.

A Kotun Hukunta Manyan Laifuka ta Duniya, ƙasashen da ke cikin yarjejeniyar Rum, wadda ta kafa kotun, su ne ke zaɓen babban mai gabatar da ƙara ta ƙuri'ar sirri. Fatou Bensouda ta Gambiya ta riƙe muƙamin daga 2012 zuwa 2021.

Wa'adi da cirewa

A nan ne ainihin 'yancin ofishin yake, fiye da wajen naɗin kansa. Wanda ke jiran a sabunta masa wa'adi da wuya ya taɓa wanda sabuntawar ke hannunsa, shi ya sa wasu ƙasashe suka zaɓi dogon wa'adi guda ɗaya: shekara takwas a Kenya bisa kundin 2010, shekara 10 a Afirka ta Kudu, tara a kotun duniya. Cire Daraktan Gabatar da Ƙararraki na Kenya sai an kai koke, an kafa kotun bincike ta musamman. A Amurka kuwa shugaban ƙasa na iya sallamar lauyan tarayya duk lokacin da ya ga dama. A Najeriya Antoni-Janar shi ne kuma ministan shari'a, wato ɗan majalisar zartarwa ne ke riƙe da ikon da sashe na 174 na kundin tsarin mulki ya bayar na shigar da ƙara, karɓe ta, ko janye ta. An daɗe ana kiran a raba muƙaman biyu.

Inda ake samun tangarɗa

Naɗin da aka yi watsi da sharaɗin tsabtar hali yana iya rushewa a kotu. A 2012 Kotun Tsarin Mulki ta Afirka ta Kudu ta soke naɗin da Shugaba Jacob Zuma ya yi wa Menzi Simelane, saboda ba a yi la'akari da abin da wani kwamitin bincike ya gano game da gaskiyarsa ba.

Riƙon ƙwarya ma ƙofa ce ta kauce wa majalisa. Dokar Amurka ta ba Antoni-Janar damar naɗa mai riƙo na kwana 120, daga nan kotun gundumar ke iya naɗa wanda zai ci gaba. An cire wannan iyaka a 2006, a shekarar kuma aka sallami wasu lauyoyin tarayya, lamarin da ya tayar da ƙura har majalisa ta maido da kwana 120 ɗin a 2007. Idan naɗin ya saɓa wa doka, lauyan wanda ake tuhuma na iya ƙalubalantar takardar tuhumar da jami'in ya sa wa hannu, ya nemi kotu ta yi watsi da ita.