Shekarar sanin makamar aiki ga likitocin haƙori a Nijeriya

Shekarar sanin makamar aiki wata 12 ne da doka ta wajabta wa wanda ya kammala digirin likitan haƙori ya yi a asibiti, a ƙarƙashin kulawar manyan likitoci, kafin a ba shi cikakken lasisi. Hukumar kula da likitoci da likitocin haƙori ta ƙasa, MDCN, ita ce ke riƙe da wannan iko bisa dokar da ke babi na M8 na kundin dokokin tarayya na 2004. Bayan shekara 6 a jami'a da rantsuwa, rajistar wucin gadi ake ba ɗalibi, mai wa'adin shekara 2. Wanda wa'adin ya ƙare masa bai gama ba sai ya zauna jarrabawar tantancewa, irin wadda 'yan Katsina da suka yi karatu a Sudan ko Masar ke zaunawa idan sun dawo gida.

A cikin shekarar yakan zagaya sassa: fiɗar baki da muƙamuƙi, cike haƙori da yin na roba, haƙoran yara, da ciwon dasashi. A nan ne hannu ke faɗawa. Ya yi allurar kashe zafi, ya cire turmi, ya ɗaure karyayyen muƙamuƙin ɗan acaɓa da waya, babba na tsaye a kansa, sannan a sa masa hannu a littafin aiki.

Da wuya a sami likitan da ke musun amfanin shekarar. Rigimar tana kan gurbi da albashi, da kuma matsayin mai yin ta: ɗalibi ne ko ma'aikaci? Asibitin da hukumar ta amince masa kaɗai ke iya ɗauka, shi ma da adadi, kuma guraben haƙori sun fi na sauran likitoci ƙaranci domin sai akwai kujerun duba haƙori da ƙwararrun da za su sa ido. Jami'ar Legas ce ta fara koyar da fannin a 1966, makarantun kuma sun fi yawa a Kudu. Ɗan Katsina ko Daura yakan yi karatu a Jami'ar Bayero ko ta Maiduguri, ya gama ya zauna jiran gurbi, wa'adin rajistarsa kuwa na ta ci.

A 2021 MDCN ta karɓi rabon gurabe a asibitocin tarayya ta intanet, don rage neman alfarma. Sauyin ya zo da tsaikon albashi na watanni, wanda yana cikin dalilan yajin aikin ƙungiyar likitoci masu neman ƙwarewa, NARD, a watan Afrilu. Wani yajin ya biyo baya ranar 2 ga Agusta, cikin ƙorafin har da cire sabbin likitocin daga tsarin ma'aikatan gwamnati. Gwamnatin tarayya ta kai ƙara Kotun Ma'aikata ta Ƙasa a Abuja, kotun ta umarci a koma aiki a watan Satumba. Umarnin ya tsaya ne kan yajin aikin, bai warware batun matsayin ba.

A Afrilun 2023 majalisar wakilai ta yi muhawara kan ƙudirin ɗan majalisa daga Legas, Ganiyu Johnson, wanda zai hana cikakken lasisi sai likita ya yi aikin shekara 5 a ƙasar, don daƙile ficewar likitoci zuwa Ingila da Saudiyya. Ƙudirin ya tsallake karatu na biyu. Ƙungiyoyin likitoci suka yi masa ca, suna kafa hujja da sashe na 34 na kundin tsarin mulkin 1999 da ya haramta aikin tilas, da na 41 kan 'yancin zirga-zirga, har suka yi barazanar zuwa kotu. Hujjarsu na da ƙarfi, domin horo daban, riƙe mutum don cike giɓin ma'aikata daban. Wa'adin waccan majalisa ya ƙare a watan Yunin shekarar, ƙudirin bai zama doka ba.