Waiwaye: Yadda aka gane cin zarafin da ba ya barin tabo

Shekaru aru-aru, idan aka kai ƙarar cin zarafi tsakanin ma'aurata, abin da 'yan sanda da alƙalai suke nema shi ne rauni a jiki. Matar da aka raba ta da danginta, aka ƙwace mata kuɗi, ake bincika wayarta, ake ƙayyade mata inda za ta je, ba ta da tabon da za ta nuna, sai a sallame ta hannu rabbana.

A 1957 masanin zamantakewa Albert Biderman ya bayyana yadda aka karya lagon sojojin Amurka da aka kama a yaƙin Koriya ta hanyar keɓe su, da gajiyar da su, da yi musu barazana, da ɗan sassauci jefi-jefi. Daga baya masu tallafa wa matan da ake zalunta suka lura cewa dabarun nan ne ake amfani da su a cikin gidaje. A farkon shekarun 1980, a birnin Duluth na Amurka, wata mai fafutukar kare mata, Ellen Pence, da abokan aikinta suka saurari matan da kansu, suka gano cewa duka reshe ne kawai, tushen shi ne neman mallakar rayuwar mutum baki ɗaya. Littafin da masanin zamantakewa Evan Stark ya fitar a 2007 ya ƙarfafa wannan fahimta, inda ya ɗauki lamarin a matsayin tauye 'yanci, kuma a ganina nan ne gaskiyar take.

Doka ta biyo baya a makare. Ingila da Wales sun mayar da wannan danniya laifi a 2015, da hukuncin ɗauri har shekara 5, dokar Scotland ta 2018 kuwa ta kai shekara 14. A Ostiraliya sai da mijin wata mata mai suna Hannah Clarke, wanda ta bar gidansa, ya kashe ta da 'ya'yanta uku a 2020, bayan ya daɗe yana takura mata, sannan jihar Queensland ta yi tata dokar.

Wannan tarihi ya sauya tambayar da ya kamata a yi wa mai kuka. Maimakon a tsaya kan ko an doke ta, a tambaye ta ko tana tsoro, da abin da aka hana ta, da abin da ke faruwa idan ta ƙi. A gaskata ta, a taimaka mata ta adana saƙonni a inda mai zaluntar ba zai gani ba, kuma kada a matsa mata ta fita ba shiri, domin lokacin rabuwa ne haɗarin kisa ya fi tsananta.