Na'urar taimaka wa numfashi a ɗakin kulawa ta musamman

Na'urar taimaka wa numfashi, wadda ma'aikatan asibiti ke kira bentileta, inji ce da ke tura iska cikin huhun majinyacin da numfashinsa ya gaza, sannan ta bar iskar ta fito, sau adadin da likita ya tsara mata a kowane minti. An fi amfani da ita a ɗakin kulawa ta musamman, wato ICU, da ɗakin tiyata. Ba ta warkar da cuta. Aikinta shi ne ta riƙe wa mutum numfashi har magani ya kama, ko kumburi ya saɓe, ko jiki ya samu ƙarfin karɓar aikinsa.

Dabam take da oksijin ɗin silinda da ake saƙala wa majinyaci a hanci. Wanda aka sa wa oksijin shi ke jan numfashinsa da kansa, ƙara masa ingancin iskar kawai aka yi. Wanda ke kan bentileta kuwa inji ne ke yi masa aikin ja, ko dukkansa ko wani sashe.

Yadda take aiki

Lafiyayyen baligi yana numfashi sau 12 zuwa 20 a minti, kowane ja kimanin rabin lita. Tantanin da ya raba ƙirji da ciki ne ke sauka ƙasa, ƙirji ya buɗe, iska ta biyo maƙogwaro zuwa ƙananan jakunkunan da ke cikin huhu. A nan jini ke ɗaukar oksijin ya sauke iskar kabon. Iskar da muke shaƙa kashi 21 cikin ɗari ne kacal nata oksijin.

Bentileta ta juya wannan tsari. Maimakon ƙirji ya zuƙo iska, ita ce ke hura ta da ƙarfi, kamar yadda zugazugin maƙeri ke hura wuta. Likita na tsara mata yawan iskar kowane huri, da yawan hurin a minti, da kason oksijin daga kashi 21 har zuwa 100. Akwai kuma ɗan matsin da ake bari a huhu bayan iska ta fita, yawanci a fara da santimita 5 na ma'aunin ruwa, don kada jakunkunan iskar su manne. Injinan yanzu suna jin lokacin da majinyaci ya yunƙura zai ja numfashi, sai su tallafa masa a daidai lokacin maimakon su yi kokawa da shi.

Hanya biyu ake haɗa mutum da ita. Ko dai a ɗaura masa takunkumi mai kama fuska sosai, wanda ya dace da mai hankalinsa a jiki da ke iya tari, ko a zura masa bututu cikin maƙogwaro. Ga jarirai bakwaini akwai sauƙaƙƙen tsari mai hura iska a hanci ta ƙarƙashin ruwa, wanda ba ya bukatar inji mai tsada.

Tarihi

A 1928 Philip Drinker da Louis Shaw na Jami'ar Harvard a Amurka suka ƙera akwatin ƙarfe da ake kwantar da mutum a ciki, kansa kaɗai a waje, inji na zuƙe iskar akwatin don ƙirji ya buɗe. Masu shan inna ne suka fi amfana da shi.

Babban sauyin ya zo a 1952, lokacin da annobar shan inna ta auka wa birnin Kofanhegan na Denmak, majinyata suka fi ƙarfin akwatunan da ake da su. Wani likitan sa barci, Bjørn Ibsen, ya ba da shawarar a huda maƙogwaro a sa bututu, a riƙa matsa jakar roba da hannu. Ɗaliban likitanci kusan 1,500 suka yi ta karɓa-karɓa dare da rana, makonni a jere, kowa riƙe da jakar majinyacinsa. Mutuwa a cikin waɗanda cutar ta kama wa numfashi ta sauko daga kusan kashi 90 zuwa kusan kashi 25. A 1953 Ibsen ya buɗe sashen da ake ɗauka a matsayin ɗakin kulawa ta musamman na farko a duniya. Abin lura a labarin nan shi ne, abin da ya ceci mutanen ba sabon inji ba ne, mutum ne a gefen kowane gado.

Waɗanda ake sa wa

Dalilan sun kasu gida uku a taƙaice: huhu ya lalace ya kasa shigar da oksijin cikin jini, ko tsokar numfashi ta gaza, ko hankali ya gushe har mutum ba ya iya kare maƙogwaronsa daga amai da yawu. Likitoci na auna zurfin suma da ma'aunin Glasgow mai maki 3 zuwa 15, kuma wanda ya sauko 8 ko ƙasa yawanci bututu ake sa masa.

A ƙasar Katsina da Daura, cututtukan da ke kai mutum ga wannan hali sanannu ne. Akwai buguwar kai a haɗarin mota da babur. Akwai jijjigar masu ciki da zubar jini bayan haihuwa. Akwai nimoniya mai tsanani, da sanƙarau a lokacin zafi, da zazzaɓin cizon sauro da ya hau kai, da shanyewar ɓarin jiki, da asma da ta ƙi jin magani. Cutar sarƙe-haƙora, wadda ke shiga ta rauni ko ta cibiyar jariri, tana sandarar da tsokar ƙirji, mai ita kan yi makonni a kan inji. Shan maganin ƙwari irin fiya-fiya yana cika huhu da ruwa ya kashe ƙarfin tsoka, dafin wasu macizai masu taɓa jijiya shi ma yana kashe ƙarfin tsoka. Irin waɗannan biyun na ƙarshe, galibi matasa ne masu lafiyayyen huhu, kuma idan aka riƙe musu numfashi har gubar ta bar jiki sukan tashi garau. Rasa irinsu don babu gado ko babu inji abin baƙin ciki ne ƙwarai.

Sa bututu da zaman kan inji

Likitan sa barci ne yawanci ke sa bututun. Zai fara cika huhun majinyaci da oksijin ta takunkumi, a yi masa allurar barci da ta sake tsoka. Sai likitan ya tsaya ta wajen kai, ya zura wani ƙarfe mai fitila a baki ya ɗaga harshe, har ya hango ƙofar maƙogwaro tsakanin igiyoyin murya biyu. Ta nan zai tura bututun, a hura ɗan balan-balan da ke ƙarshensa don ya toshe gefe, a sa abin awo a saurari ƙirji dama da hagu, a duba ko iskar kabon na fitowa. Idan bututun ya kauce ya bi hanyar abinci ba a lura ba, mintuna kaɗan sun isa a rasa mutum.

Daga nan majinyaci ba ya magana, domin bututun ya ratsa tsakanin igiyoyin muryarsa. Abinci ta roba ake ba shi, daga hanci zuwa ciki. Majina kuwa nas ce ke zuƙe ta da siririyar roba lokaci-lokaci, tana juya shi duk bayan kamar awa biyu don kada gyambon kwanciya ya kama shi, tana goge masa baki, tana ɗiga masa magani a ido. Gogaggiyar nas ba ta taɓa shi sai ta yi masa magana, ko da idonsa a rufe: "Sannu Baba, za mu juya ka, yi haƙuri." Da yawa daga waɗanda suka farfaɗo sukan ce suna jin muryoyi a lokacin.

Illolinta

Injin da ke riƙe rai yana iya yi wa huhu rauni. Shekaru da dama likitoci na hura iska mai yawa, har wani babban bincike da aka buga a Amurka a 2000, kan majinyata 861 masu tsananin kumburin huhu, ya nuna cewa hura mililita 6 na iska a kowane kilo na nauyin jiki ya fi hura mililita 12 amfani: mutuwa kashi 31 a rukunin farko, kusan kashi 40 a na biyu. Kilon da ake nufi ba na sikeli ba ne, daga tsayin mutum ake lissafa shi, domin girman huhu tsayi yake bi, ba ƙiba ba. Namiji mai tsayin santimita 170 kimanin mililita 400 ya ishe shi a huri ɗaya. A 2013 wani binciken da aka jagoranta daga Faransa ya nuna cewa kifa irin waɗannan majinyata rubda-ciki na aƙalla awa 16 a rana ya rage mutuwa daga kashi 33 zuwa 16. Wannan dabara ba ta cin kuɗi, hannuwa take ci, don sai mutum huɗu ko biyar sun taru kafin a kifa majinyaci ɗaya ba tare da bututu ya zame ba.

Matsin iska na iya fasa huhu, yana kuma iya saukar da bugun jini. Bututu kan buɗe wa ƙwayoyin cuta hanya, shi ya sa nimoniyar da ke ɓulla bayan awa 48 a kan inji ta zama abin tsoro a kowane ICU. Kariyarta wanke hannu ne, da tsaftar baki, da ɗaga kan gado digiri 30 zuwa 45. Doguwar kwanciya da maganin barci suna narkar da tsoka, suna kuma jawo ruɗewa.

Saboda haka tun ranar da aka sa bututu ake tunanin cire shi. Kullum akan sassauta maganin barci a ga ko majinyaci zai farka, a rage tallafin inji na minti 30 zuwa awa biyu a ga ko zai iya da kansa. Idan zaman ya doshi mako biyu, akan huda ƙasan wuya a mayar da bututun can, ya fi sauƙi ga baki da maƙogwaro.

Halin da ake ciki a Katsina

Cutar korona ce ta sa kowa ya san sunan na'urar. A jihar Katsina, a Daura aka fara tabbatar da cutar cikin watan Afrilun 2020, kuma a lokacin ne aka yi ta ƙidayar injinan da ke asibitocin ƙasar nan. Amma ƙidayar inji kaɗai ba ta nuna gaskiyar lamari. Bentileta na bukatar wutar da ba ta yankewa, da oksijin mai gudana dare da rana, da ɗakin gwajin jini, da injiniyan da zai gyara ta, da nas ɗaya ga majinyaci ɗaya ko biyu. Injin da ba shi da waɗannan, ajiya ce kawai a sito. Batirin cikinta na ɗan lokaci ne, don haka ake rataye jakar Ambu, wato jakar roba ta hura iska da hannu, a kan kowane gado: in wuta ta ɗauke kafin janareta ya tashi, nas ta cire majinyaci daga inji ta ci gaba da matsawa da hannu.

Irin wannan kulawa a manyan asibitoci take. A jihar, Asibitin Koyarwa na Tarayya da ke Katsina, wanda a da ake kira FMC, shi ne babban wurin da ake tura majinyata, wasu kuma a wuce da su Asibitin Koyarwa na Aminu Kano ko na Jami'ar Ahmadu Bello da ke Shika, wanda ya fi kusa da mutanen Funtuwa. Daga Daura zuwa Katsina kimanin kilomita 80 ne, kuma ɗauko mai numfashi sama-sama a bayan motar haya ba oksijin, ba ma'aikacin lafiya, shi kansa haɗari ne. Kuɗi ma babban shinge ne, domin yawancin iyalai daga aljihu suke biya, ko da yake Dokar Lafiya ta Ƙasa ta 2014 ta hana asibiti ƙin karɓar wanda ke bukatar taimakon gaggawa.

Akwai kuma tsoron da ya zauna a zukatan mutane, cewa duk wanda aka sa wa oksijin ko inji tasa ta ƙare. Tushen wannan zato a fili yake: waɗanda ciwonsu ya fi tsanani ake sa wa, kuma sau da yawa a makare, don haka mutuwa ta yi yawa a cikinsu. Ciwon ne ya kashe su, ba injin ba. Jinkirin sa hannu a takarda ana jiran yaya ya iso daga Abuja ko a ji ta bakin kawu yana da tsada, domin ƙwaƙwalwa ba ta jure rashin oksijin fiye da mintuna kaɗan.

Hukuncin cire ta

Tambayar da ta fi nauyi ga iyali ita ce ko ya halatta a kashe inji idan likitoci sun ce babu sauran fata. Majalisar Fiƙihu ta ƙungiyar ƙasashen Musulmi, a zamanta na birnin Amman a 1986, ta yanke cewa idan ƙwaƙwalwa ta daina aiki gaba ɗaya, ƙwararrun likitoci suka tabbatar ba za ta dawo ba, ya halatta a cire na'urar ko da zuciya na bugawa da taimakonta. Majalisar Fiƙihu ta Rabiɗa, wato Ƙungiyar Musulmi ta Duniya da ke Makka, a 1987, ita ma ta halatta cirewar bisa shaidar ƙwararrun likitoci uku, sai dai ta ce hukunce-hukuncen mutuwa, irin su gado da takaba, ba sa farawa sai numfashi da bugun zuciya sun tsaya bayan an cire. Fatawoyin biyu a kan mutuwar ƙwaƙwalwa suke magana, ba a kan doguwar suma ba, wadda ake iya farfaɗowa daga gare ta, kuma gwaji na musamman ne ke bambanta su.